Shafi Tara a Wajen Mai Kifi

Ƙanena Celestyn Wrona, wanda muke kira Celek, manyan fina-finai goma sha ɗaya ya rubuta a rayuwarsa, kuma saura ƙiris na huɗun ya salwanta a hannuna. Ni ce yayarsa Otylia, Tola yake kirana, na girme shi da shekara bakwai. Tun rasuwar mijina muke zaune tare a ɗaki biyu da kicin a unguwar Bałuty, nan birnin Łódź. Ni ina koyar da 'yan aji uku, shi kuma yana ɗaki yana buga tafireta.

Da ƙafar dama ya shiga harkar. Yana da shekara ashirin da takwas aka yi fim ɗinsa na farko, labarin wani mai fito da kwale-kwale, mutane suka yi layi har bakin titi don su gani. Na biyu ma ya karɓu. Na uku ne kwamitin duba fina-finai ya kalla, aka sha shayi, aka ce a ɗan dakata tukuna. Gwangwanayen fim ɗin suka hau kanta, ba su sake saukowa ba. Ba wanda ya kori Celek daga ko'ina, ba wanda ya zage shi. Wasiƙu ne kawai suka daina zuwa, waɗanda da can suke tsallako titi su gaishe shi suka koma ɗaga hula daga nesa.

Shekara tara ya yi yana cin abinci da gajerun fina-finan wayar da kai: yadda ake wanke garwar madara, haɗarin tsallaka layin dogo a buge, amfanin wanke hannu a wurin aiki. Yakan ce babu marubuci a ƙasar nan da ya kashe mutane a kan layin dogo kamar shi. Nakan yi dariya don ya ji daɗi, amma ina kallon yadda kafaɗunsa suke ranƙwafawa shekara bayan shekara.

A kakar 1977 Rajmund Olszak, darakta, abokinsa tun makarantar fim, ya hawo mana bene hawa uku yana haki. Ya ce wata biyu ya yi yana naci, yanzu shugaban rukuninsu na shirya fina-finai ya yarda zai duba labari mai sunan Wrona a kai. Sharaɗi ɗaya ne: rubutun ya kasance a kan tebur ranar Litinin ta biyu a Fabrairu, ƙarfe goma na safe, lokacin da za su zauna zaɓen fina-finan baɗi. Gurbi ɗaya ya rage, mutum huɗu ke nemansa.

"In ka makara ko da kwana ɗaya ne, Celek, ba ni da bakin sake ambaton sunanka," in ji Rajmund. "Sai ka koma wa garwar madararka."

Celek ya zauna ya fara. Labarin wata masaƙiya ce, Sabina, wadda ta yi shekara ashirin tana aiki kusa da aminiyarta, alhali ita ce ta taɓa sa hannu a takardar da ta sa aka kori mijin aminiyar daga aiki. Iyakar abin da ya gaya mini ke nan.

A lokacin takarda ta yi wuya. Ta rubutu babu, ta kabon da ake yin kwafi babu, ta banɗaki kuwa ba a magana. Celek ya jawo tulin tsofaffin rubuce-rubucensa na fim ɗin nan da aka ajiye a kanta, ya riƙa jan layi daga kusurwa zuwa kusurwa a kan tsohon rubutun, ya juya takardar ya buga sabo a bayanta, ya sa lambar shafi da jan fensir. Kwafi ɗaya tak. Masu tafireta na ofishin rukunin ne za su yi sauran in ya kai.

Ranar Alhamis da yamma ƙarar tafireta ta tsaya. Ya fito kicin ya ce, "Yaya Tola, na gama," ya ci pierogi, 'yan curin ƙullun nan masu haɗi a ciki, goma sha biyu a tsaye. Washegari da sassafe ya sa kwat ɗinsa ya fita. Na san wannan al'adar tasa: in ya gama babban aiki yakan hau jirgin titi, ɗan jirgin ƙasan nan mai bin titin mota, har garin Ozorków, ya yini yana yawo, ba ya sake kallon takardun sai sun kwana biyu. Akwai wata al'adar da ban sani ba, don a zamanin da yake rubuta manyan fina-finai ina gidan mijina. In ya gama, yakan kife rubutun ne, fuska ƙasa, wai kada ido ya faɗa kansa kafin lokacinsa.

Muna hutun tsakiyar sanyi, ina gida. Wajen ƙarfe tara maƙwabciyarmu ta ƙasa ta ƙwanƙwasa ƙofa ta ce an kawo takardar banɗaki a rumfar karɓar tsofaffin takardu da ke bayan kasuwa, in ina so in yi sauri. Kowa ya san yadda abin yake: ka kai tsohuwar takarda a auna, a ba ka naɗin ta banɗaki gwargwadon nauyinta. Na tattara jaridu, da tsofaffin littattafan aikin yara, da kwalin takalmi. Na ɗaga ɗaurin na ji bai kai ba. Sai na leƙa ɗakin Celek.

Kusa da murhu akwai takardun da ya yar, na kwashe. A kan kujera kuma ga wani tuli a jere tsaf. Na duba ta sama. Layi ne a ja daga kusurwa zuwa kusurwa, a ƙarƙashinsa ga sunan jarumin tsohon fim ɗin da ya cinye masa shekara tara. Na ɗaga 'yan shafuka daga gefe, duk haka suke. Na ce a raina, kai ma yau ka fita daga gidan nan. Na ɗaure shi da igiya na haɗa da sauran.

Shekara talatin ina gaya wa yara su juya takardar jarrabawa su duba bayanta kafin su ce sun gama.

Na ja kayan a kan katakon da 'ya'yan maƙwabta suke wasan sulu da shi a ƙanƙara, na yi layin awa biyu cikin ƙanƙara. Na dawo da naɗi shida a zarge da igiya, na rataya a wuya kamar kowa, mutane suna tare ni a hanya suna tambayar inda na samo. Raina fes.

Celek ya dawo da magariba, ya yaba wa ganimata, bai ko kalli kujerar ba. Ranar Asabar da safe, ina yanka burodi, ya shiga ɗakinsa don ya ɗaure aikin. Na ji shiru ya yi yawa. Can ya fito ya tsaya a bakin kicin.

"Yaya, kin ɗauke wani abu a kan kujera?"

"Tsofaffin takardun nan ne. Na kai su rumfa jiya."

Ya kalli naɗi shidan da na jera a kan kabad, ya kalle ni. A nan na gane. Wuƙar ta faɗi daga hannuna.

"Celek, na ga layi a kansu."

"E, akwai layi." Ya jawo kujera ya zauna a hankali kamar tsoho. "Shafi ɗari da huɗu. To, aƙalla an san darajarsa. Ba kowane marubuci ne ake sanar da shi nawa ya kai ba tun yana raye."

"Kada ka yi mini wasa yanzu. Ba za ka iya sake rubuta shi ba?"

"A kwana biyu? Wata huɗu na yi, Yaya."

Da ya yi mini ihu da ya fi mini sauƙi. Na ɗauko kwat ɗinsa na jefa masa. "Tashi. Motar kamfanin takarda sai azahar take zuwa ranar Asabar. Na ji ana faɗa a layi."

Ba mu jira jirgin titi ba, da ƙafa muka yanka ta cikin lunguna. Sau biyu santsi ya kusa kayar da ni. Da muka isa, ƙofar rumfar a buɗe take, ga sawun tayoyi sababbi a kan ƙanƙara. Ciki wayam. Jiya takardu sun kai rufi, yau sai sikeli da tsintsiya da ɗan murhun ƙarfe, da mai rumfar, Pani Genowefa (Pani muke ce wa mace don girmamawa, namiji kuma Pan), zaune a kan akwati cikin riguna uku tana shan shayi.

"Babu sauran takarda," ta ce da ƙarfi tun kafin mu yi magana. Haka take magana kullum, kamar mai kiran wani a ƙetaren kogi. "Ta ƙare tun jiya. Ku dawo wata mai zuwa."

"Motar fa?" na ce.

"Ki juyo ki kalle ni, Pani malama. Ba da kunne nake ji ba."

Na matsa gabanta na maimaita. Ta kafa wa bakina ido.

"Ta zo ƙarfe bakwai. Direban zai je bikin sunan ɗiyar ƙanwarsa, shi ya sa ya yi sammako."

Celek ya nemi wurin zama bai samu ba, ya zauna a kan sikeli. Allurar ta motsa. Pani Genowefa ta leƙa ta ce, "Kilo sittin da ɗaya har da kwat. Ba a ciyar da shi ne?"

Ni dai hawaye ne suka zubo mini. Na tsaya a gabanta na yi mata bayani dalla-dalla, yadda nake yi wa yaron da bai gane lissafi ba, duk da ba na tsammanin zai yi wani amfani: ƙanena ne, marubucin fim ne, aikinsa na kawo bisa kuskure, ranar Litinin ake jiransa.

"Wace irin takarda?"

"Bugun tafireta, gaba da baya. Gefe ɗaya an ja layi."

"Mai jar lamba a sama?"

Celek ya ɗago kai.

"Ta Sabina?" ta ce. Ta juya ta kalle shi daga sama har ƙasa. "Kai ne ka rubuta Sabina? Na ɗauka zan ga mutum mai jiki."

Ta miƙe da ƙyar, ta ɗaga murfin akwatin da take zaune a kai, ta fito da tulin takardu a naɗe cikin tsohon gyale. Ban taɓa jin numfashi ya yi mini daɗi kamar na wannan lokacin ba.

Ta ce takardar tafireta ba ta barinta ta tafi a mota. Busasshiya ce, mai ƙarfi, Pan Hipolit mai kifi yana son ta don naɗe kaya, shi kuma ba ya mantawa da ita in kifin gishiri ya zo. Jiya tana warewa idonta ya faɗa kan maganar injin saƙa, ta ce bari ta ga ƙaryar da aka yi. Shekara talatin da ɗaya ta yi a masaƙa kafin kunnuwanta su tafi. Ta fara karantawa a tsaye, ta ƙarasa a zaune, har shayinta ya huce.

Celek ya durƙusa a ƙasa yana ƙirga shafuka. Ina kallon bakinsa: tamanin, tasa'in, tasa'in da biyar. Ya tsaya. Ya duba cikin gyalen, ya duba akwatin.

"Pani Genowefa, saura shafi tara. Na ƙarshe."

"Na sani. Su na ba mai kifi."

"Ƙarshen labarin ne fa."

"Ai sai da na karanta na ba shi. Na ajiye na gaskiya, na ba shi na ƙarya. Ba zan je masa hannu wofi ba."

Na ce mu ruga wajen Pan Hipolit. Ba nisa, tsallaken lungu ne. Ya share hannu a gaban rigarsa ya ce mana tun jiya da yamma takardun suka bi kifi gida-gida, Juma'a ce, ranar da a al'adarmu kowa kifi yake ci. Ya laluba ƙarƙashin tebur ya samo guda ɗaya, shafi na ɗari da biyu, mai ya ratsa shi har ana ganin tsohon rubutun ta cikin sabon. Celek ya karɓa da hannu biyu, ya yi godiya.

Muka koma rumfar. Hankalina ya kwanta sosai, don shafi tara ba ɗari ba ne. Celek ma launin fuskarsa ya dawo, kuma da launin ya dawo sai fushi ya biyo baya, irin na marubuci.

"Zan iya sake rubuta su daga ka, gobe," ya ce. "Amma ina so in ji, Pani. Mene ne ƙarya a ciki? Wurin nan na fi shan wuya a kansa."

"Zauna, Pan marubuci. Ba a kan sikelina ba." Ta tura masa akwatin. "Sabina za ta gaya wa ƙawarta abin da ta yi wa mijinta, ko ba haka ba? A ina?"

"A zauren saƙa, suna tsakiyar aiki."

"Me ka rubuta? Ta matso ta raɗa mata a kunne." Ta yi dariya har da tari. "Raɗa. A zauren saƙa. Ka taɓa shiga kuwa?"

"Na shiga. An ba ni izini, an zagaya da ni."

"Da wane lokaci?"

"Lokacin da suka tsaya gyara."

"To. Ka je ganin kogi ranar da babu ruwa." Ta kurɓi shayi. "Inji ɗari uku suna bugawa lokaci ɗaya. Ko bindiga ka harba ba mai juyowa. Sannan ka sa ta yi magana shafi tara. Inji takwas take riƙe da su, wa zai duba mata zare? Kafin ta kai shafi na biyu yadin ya lalace, shugabar layi tana kanta. Kuma kalmomin da ka sa mata, wai lamirinta, wai nauyin shekaru. Mace mai tsayuwar awa takwas ba ta da wannan lokacin. Sauran duk daidai ne, ban san inda ka samo su ba. Takalmin da take cirewa a jirgin titi, miyar da take ɗumamawa a kan bututun zafi. Na ce wannan ya san mu. Da na zo ƙarshe na ce ashe bai sani ba."

Celek ya juya takardar mai ƙarnin kifi a hannunsa.

"To yaya kuke magana?" ya tambaya, a hankali.

"Yadda nake jin ka yanzu."

Ta ɗauko makulli, ta kashe murhu, ta ce ai yau babu abin aunawa, mu biyo ta. 'Yar yayarta ce shugabar layi a aikin rana a masaƙar da ke bayan layin dogo. A bakin ƙofa ta gaya wa mai gadi cewa wannan Pan ɗin shi ne mai fim ɗin wanke hannu, ya zo duba famfuna. Mai gadin ya ce ya ga fim ɗin sau uku, dole aka sa su, ya buɗe mana.

Ni haifaffiyar Łódź ce, iyayen rabin ɗalibaina a masaƙa suke, amma ban taɓa shiga zauren ba sai ranar. Ƙarar ba ta kunne kaɗai ba ce. Ta tafin ƙafa take shigowa, ta hau har haƙora. Ƙurar auduga tana yawo a cikin hasken fitilu. Na ce wa Celek wani abu, ni kaina ban ji muryata ba.

Pani Genowefa ta tsaya a bakin layi ta ɗaga hannu. Can nesa, bayan inji wajen goma, wata mata mai furfura ta ɗago. Suka kalli juna. Bakin Pani Genowefa ya motsa, a buɗe, a hankali, ba sauti. Matar ta amsa, hannunta bai bar aikin ba, tana ɗaura zare tana magana. Sai ta kalli Celek ta tuntsire da dariyar da ba mu ji ba. Wata a layi na gaba ta gani, ita ma ta kama. Dariyar ta bi zauren daga baki zuwa baki har bango.

Celek ya tsaya da hula a hannu ya fi rabin awa. Bai rubuta komai ba, kallo kawai yake yi. Na ga lokacin da wasu mata biyu suka juya wa sauran baya, ɗaya ta kare gefen bakinta da tafin hannu kafin ta yi magana. Ya taɓa ni ya nuna mini su.

Da muka fito kunnuwana suna ta ƙugi. Celek ya tsaya gaban Pani Genowefa ya ce, "Me kika ce mata?"

"Ta tambaye ni ko sabon miji na yi. Na ce Allah ya kiyaye, wannan ko guga ba zai iya ɗauka ba. Ta ce in duba, ya saka maɓallin kwat ɗinsa a karkace."

Ya duba. Haka ne kuwa, tun safe.

"Waɗancan biyun da suka kare baki fa?"

"Wannan ita ce raɗarmu. In ba ka kare ba, duk zauren ya ji."

Ranar Lahadi na tafi coci na dawo, na same shi zaune gaban tafireta babu takarda. Na buɗe kabad na ɗauko sabon littafin da nake tanadi don shirin darasin zango mai zuwa, na zare ƙusoshinsa, na miƙa masa fararen shafuka. Bai ce a'a ba. Na yi miyar kabeji na rufe ƙofar kicin don kada ƙarar cokali ta dame shi. Kafin rana ta faɗi ya fito da shafi uku.

"Uku kawai?"

"Karanta, Yaya. Wannan karon ki duba bayansu ma."

Na karanta. Sabina tana tsaye a layinta, aminiyarta tana nata. Ba a jin komai sai inji. Sabina ta ɗaga hannu, ta kai shi gefen bakinta za ta kare, sai ta sauke shi. Ta faɗi maganar a buɗe, jimla biyu, duk zauren yana gani. Mata suka riƙa ɗagowa ɗaya bayan ɗaya. Aminiyar ta daɗe tana kallonta. Zare ya tsinke a injin Sabina, ba ta lura ba. Aminiyar ta tako ta ɗaura mata, ta koma wurinta. A ƙasan shafin ya rubuta cewa kada a sa rubutu a allo, kada a rage ƙarar inji.

Na cire tabarau na goge. Na ce masa akwai waƙafi biyu da suka ɓace a shafi na biyu.

Ranar Litinin na raka shi har ƙofar ofishin, ni na riƙe jakar. Ƙarfe goma saura kwata Rajmund ya karɓa, ya shinshina ya ce, "Me ya sa yake warin hayaƙi da kifi?" Celek ya ce labarin ma'aikata ne. Ranar Laraba aka aiko cewa an ɗauka.

Sai da aka shekara biyu fim ɗin ya fito. Da kwamiti ya zauna kallonsa, an yanke wasu wurare, amma ba a taɓa ƙarshen ba. Wani daga cikinsu ya tambaya me matar ta ce. Rajmund ya ce shi ma bai ji ba, ƙara ta yi yawa. Pani Genowefa ce ta koya wa 'yar wasan yadda ake buɗe baki, mako uku tana zuwa, tana ce mata ta daina yin kamar kifi.

Mun kalle shi a wani sinima na unguwarmu ranar Lahadi da rana, zauren cike da matan masaƙa da mazajensu. Da aka zo wurin, mazan suka fara gyara zama suna tambayar me ta ce. Matan ba wadda ta motsa. Wadda ke kusa da ni ta kama hannuna ta matse, ba ta san ni ba. Ni ma ban iya karanta bakin ba, na dai san jimlolin ne tun daga takarda. Celek yana can kujerar ƙarshe kusa da ƙofa, ba allon yake kallo ba, su yake kallo.

Bayan wannan ya rubuta bakwai. Wasu sun yi kyau, biyu shi da kansa ya ce a manta da su. Duk wanda ya zo yi masa tambayoyi sai ya tambaye shi yadda ya yi tunanin wannan ƙarshen, shi kuma sai ya nuna kicin ya ce a tambayi yayarsa, ita ce ta kai aikin wajen edita. Kowane sabon rubutu kuwa, kafin Rajmund ya gani, sai ya ɗauka ya kai rumfar bayan kasuwa, ya zauna a kan akwati yana jiran hukunci. Da ya kai mata wani labari na likitoci ta ce masa ba ruwanta, amma ta karanta duk da haka, ta ce matar likitan ba ta da dalilin zama da shi.

Bai daina kife takardunsa ba. Na roƙe shi, ya ce tsufa ya hana shi canza hali. Abin da ya yi kawai shi ne ya samo dutsen guga ya riƙa ɗorawa a kai. Ni kuwa har yau, ko takardar kuɗin wuta ce zan jefa a murhu, sai na juya ta.

Naɗi shidan nan sun kai mu har bikin Ista.